Tukur-Tukur, Unguwar da Littattafanmu Suka Fito

Ku ajiye alli tukuna, ku saurara. Yau zan ba ku labarin wata unguwa a Zariya, sunanta Tukur-Tukur. Tana gefen birni, kusa da Tudun Wada.

A zamanin da, wurin nan yawancinsa gonaki ne da dutse da tsohuwar ganuwa. Akwai ƙofa da a ke kira Ƙofar Tukur-Tukur. Turawa suka kama Zariya a 1902, daga baya jirgin ƙasa ya iso, baƙi suka yi ta zuwa, gari ya fara yaɗuwa bayan ganuwa.

To, a 1931 aka ɗauko Ofishin Fassara daga Katsina aka kawo shi Zariya. Wani Bature, Dokta East, shi ya riƙe shi. A 1933 ya sa gasar rubuta labarai da Hausa. Cikin waɗanda suka ci har da Malam Abubakar Imam, wanda ya rubuta Ruwan Bagaja. A watan Janairu na 1939 aka fara buga jaridar Gaskiya Ta Fi Kwabo, Malam Abubakar Imam ne editanta. Kwabo ɗaya a ke sayenta.

Da aiki ya yi yawa, a 1945 aka kafa Kamfanin Gaskiya a Tukur-Tukur. Aka gina maɗaba'a da ofisoshi da gidajen ma'aikata. Inda a da sai kukan gauraka, sai ga ƙarar injin buga littafi. A 1949 kuma babbar kwalejin nan da ta faro daga Katsina ta taso daga Kaduna ta zauna nan kusa, ita ce Kwalejin Barewa ta yanzu.

Sa'ad da aka tashi Yaƙi da Jahilci, hukumar NORLA ta zauna a Zariya, ta yi ta fid da ƙananan littattafai da jaridun larduna har 1959. Zazzau na da Bazazzaga, Katsina Himma, Kano Sodangi, Sakkwato Zaruma. Watau manoma da yawa da suka fara haɗa baƙi da wasali a ƙauye, da takardun unguwar nan suka koya.

Yanzu fa gonakin nan sun zama gidaje da kantuna da makarantu. Titin da ya ratsa wurin har yau Hanyar Gaskiya a ke ce masa. Amma ci gaba ya zo da nasa ciwo. Mutane sun yi ta haƙar ƙasar ganuwa suna gini, ruwan sama ya ci saura. Abin da kakanni suka yi shekaru suna ɗorawa, ga shi yana ƙarewa.

Ga abin lura, 'yan'uwa. Gari ba ya tsayawa wuri ɗaya, naku ma zai girma. Ran da za a yanka filaye ko a fid da hanya, da takarda za a zo muku. Wanda ya iya karatu zai duba da idonsa kafin ya sa hannu. Wanda bai iya ba, sai ya dangwala yatsa a kan abin da bai sani ba, wata rana ya rasa gonar gado.

Saboda haka kada ku yi fashin aji. Ku tambayi dattawanku labarin garinku, ku rubuta shi da hannunku, ku karanta wa yaranku. Allah ya ba mu sa'a, amin.