Muhammadu al-Kashinawi, Malamin Hisabi na Ƙasar Katsina

Duk wanda ya zauna a zauren malami, a Sheme ne ko Faskari ko cikin birnin Katsina, ya ga ana zana hatimi a allo. Mafi sauƙinsa shi ne mai gida tara: a jera 4, 9, 2 a sama, 3, 5, 7 a tsakiya, 8, 1, 6 a ƙasa. Ko ta ina aka tara, a tsaye, a kwance ko a karkace, 15 za a samu. Ɗan makarantar boko yakan ɗauki wannan sha'anin tsibbu ne kurum. Kuskure ne, domin lissafi ne mai ƙa'ida, kuma wani Bakatsine ya wallafa littafi a kansa tun 1732.

Sunansa Muhammadu ɗan Muhammadu al-Fulani al-Kashinawi. Cikin malamansa akwai Muhammadu al-Wali na Bagarmi, shahararren masanin tauhidi. Wajen 1730 ya tafi aikin hajji, daga nan ya zauna a Alƙahira, ya yi rubutu kan nahawu da manɗiƙi da taurari.

Littafinsa Bahjatul Afaƙ ya ƙunshi hanyoyin gina hatimin da gidajen gefensa suke mara, watau 3, 5, 7 har gaba. Ƙa'idar jimlar ita ce, a ninka adadin gefe da kansa, a ƙara ɗaya, a sake ninkawa da gefen, a raba biyu. Alal misali, mai gefe 5 zai ba da 65. A wurin malaman zamaninsa ba a raba wannan aiki da sanin Allah ba: kowane harafi yana da adadinsa a hisabin abajada, don haka sunan Ubangiji yana iya zama jimlar hatimi. Tun a lokacin akwai malaman da suka ƙyamaci amfani da shi wajen neman biyan bukata, kuma gardamar ba ta mutu ba. Amma lissafin kansa ba ya karɓar gardama.

Ya rasu a 1741 a gidan Shaihu Hasan al-Jabarti, wanda ya karanci wannan fanni a wurinsa, ya kuma bar masa littattafansa. Ɗan mai gidan, Abdurrahman al-Jabarti marubucin tarihin Masar, bai riske shi da rai ba, amma shi ya ajiye labarinsa a rubuce.