Kafin a Ce Allon Kwamfuta Ya Mutu

 Lokacin da aka ba ni ba shi da yawa, don haka zan shiga magana kai tsaye.

Taƙaddamata da jami'an sayen kayan aiki ba sabuwa ba ce. Da zarar allon kwamfuta ya yi duhu a ofis ko ɗakin jarrabawa, sai a rubuta takarda a ce ya mutu, a kai shi sito, a nemi kuɗin sabo. Har yau ina nan a kan bakana: da yawa daga cikin allunan da ke jibge a ɗakunan ajiyarmu ba mutuwa suka yi ba, rashin mai dubawa ne ya kai su can.

Binciken farko kun san shi. A sake waya, a gwada allon a jikin wata kwamfutar. Wayar VGA, wadda kamfanin IBM ya fito da ita a 1987, allurai 15 ne a bakinta, ukun farko su ke ɗauke da ja da kore da shuɗi. In ta shuɗi ta lanƙwashe, hoto ya koma rawaya. In ta kore ce, ya koma ruwan hoda. A zare wayar, a danna maɓallin saitin allon. Muddin rubutunsa ya fito tsaf, a nemi laifin a waya ko a kwamfuta. In kuwa duhu ne ƙirin, a haska tocila dab da gilashin. Wanda ya hango inuwar hoto ya san gilashin lafiya lau yake, fitilar baya ce ko hanyar wutarta ta sami matsala.

Inda nake so mu daɗe shi ne kapasito. A bayan allo akwai faifan da ke karɓar wutar gida mai bolt 230 ya sauke ta zuwa ƙaramar wutar da sauran sassa ke ci. A kansa ake jera 'yan gwangwanayen nan masu ruwan sinadari a ciki, wato kapasito, aikinsu tace wuta. Zafi ne ajalinsu. Kowane ɗaya an rubuta masa iyakarsa a jiki, digiri 85 ko 105, kuma ƙa'idar da masu ƙera su ke bi ita ce, duk ƙarin digiri 10 yana raba tsawon ransa biyu. Mu yi lissafi tare. Kapasiton da aka yi wa alƙawarin awa 2,000 a digiri 105, in yana aiki a digiri 65, zai kai awa 32,000. A digiri 75, awa 16,000. A digiri 85, awa 8,000 kacal, wato kamar shekara huɗu ta aikin ofis. To ku tuna zafin watan Afrilu a Kano ko Sakkwato ko Maraɗi, inda a inuwa ma ake wuce digiri 40. Ku haɗa da ƙurar hunturu da ke toshe kafofin shan iska, da yankin atamfar da ake lulluɓa wa allo yana kunne, da fizgar wuta in ana sauyawa zuwa janareto. Wa zai yi mamaki in ruwan ya ƙafe, kan gwangwanin ya kumbura?

Alamominsa ba ɓoyayyu ba ne. Allo ya riƙa nawar tashi da safe sai ya ɗumama. Ko hoto ya fito na daƙiƙa biyu ya ɗauke. Ko ƙaramar fitilar gaba ta yi ta ƙyaftawa. Mai gyaran da ya san hannunsa zai cire waɗanda suka gaji, ya sa sababbi masu digiri 105, kuɗinsu ko kusa bai kai na sabon allo ba. Sai dai ɗalibaina, ku ji ni da kyau: babban kapasiton yana iya riƙe fiye da bolt 300 bayan an zare filogi. Kada wanda bai koyi sauke cajinsa ba ya kai hannu.

Ana ce mini sabo yana da garanti, gyararre kuma zai sake lalacewa. Sabon ma ɗakin nan mai zafi za a kai shi. Na yarda gilashin da ya fashe, ko wanda layuka suka tsaya a kansa ba sa motsi ko an sake waya da kwamfuta, gyaransa bai cika biyan kuɗinsa ba. Wannan a rabu da shi, amma ba a juji ba, domin tsofaffin alluna masu fitilar kwalba akwai sinadarin makuri a cikinsu, kuma yaranmu ne ke tonon jujin.

Abin da nake nema shi ne wanda na daɗe ina nema. Kada a sa hannu a takardar soke wani allo sai ma'aikacin fasaha ya rubuta gwajin da ya yi masa, ya sa sunansa. A ajiye wayoyin gwaji da mita da kapasito a kowane sashe. A hure ƙura bayan kowane hunturu, a nesanta alluna daga taga. Allunan da ke sito kuma a miƙa su ga ɗakunan koyon aikin lantarki na kwalejojin fasaha, ɗalibai su buɗe su a gaban malamansu, waɗanda suka tashi a mayar da su aji.