Victor Trumper: Gwanin Kurket Da Alƙaluma Suka Kasa Aunawa

Yau filin namu ya leƙa Ostareliya, inda kurket ke da farin jini kamar yadda ƙwallon ƙafa yake a wajenmu. Ga wanda bai san wasan ba: wani ya jefo ƙwallo, wani ya make ta da katako, ya ruga ya tara maki. A kan mai bugun za mu tsaya.

Sunansa Victor Trumper, an haife shi a 1877, ya tashi a birnin Sydney. Ya buga wa ƙasarsa manyan wasanni 48, ya ci maki 3,163, wato wajen 39 ke nan kafin a fitar da shi, in an raba. Don Bradman da ya zo bayansa kuwa 99.94 gare shi. To me ya sa har yau ake jera sunayensu tare?

Amsar tana cikin laka. A wancan zamani ba a rufe filin wasa in ana ruwa. Ƙasa ta jiƙe, rana ta fito, sai ƙwallo ta riƙa tsalle yadda ta ga dama, gwanaye su rasa ta yi. Nan ne Trumper ya fi ƙwari. A 1902 Ingila ta sha ruwa ba kaɗan ba, amma a rangadin wannan shekara ya tara maki 2,570, ya haura ɗari har sau 11. A filin Old Trafford na Manchester ya cika ɗari tun kafin hutun abincin rana a ranar farko, abin da ba a taɓa yi ba a irin wannan wasa. Ostareliya ta yi nasara da maki uku kacal. Ku cire bugun safiyar nan, ku ga abin da zai rage.

A ganina, wanda ya auna shi da alƙaluma kaɗai bai yi masa adalci ba, domin alƙalami ba ya rubuta yanayin fili.

Ƙarshensa bai yi daɗi ba. A 1912 shi da 'yan wasa biyar suka ƙi zuwa Ingila saboda saɓani da hukumar wasan kan wanda zai naɗa manajan tawaga. Bai sake buga wa ƙasarsa babban wasa ba. Ciwon ƙoda ya yi ajalinsa ranar 28 ga Yuni 1915, yana da shekara 37.

Abin da yawancin mutane suka san shi da shi yau hoto ne guda, wanda George Beldam ya ɗauka a filin Oval na Landan a 1905: ƙafa a sama, katako a bayan kai, ya zaburo zai maka. Ba ma a tsakiyar wasa aka ɗauka ba, shirya shi aka yi. A 2008 aka sa sunansa a wani sashen zaman 'yan kallo na babban filin kurket na Sydney.

Sai mako mai zuwa idan Allah ya kai mu. A huta lafiya.