Labarin Waliyyai da Rairayar Malamai

Da sunan Allah Mai rahama Mai jin ƙai. Tsira da amincin Allah su tabbata ga Annabi Muhammadu da alayensa da sahabbansa.

Ya ku ƴan'uwa Musulmi, daren jiya tafsiri ya kai mu Suratul Kahfi, ga samarin nan da suka gudu da imaninsu zuwa kogo, Allah ya kwantar da su shekara 309. Ku sani Nasara ma suna da wannan ƙissa. Malamansu na ƙasar Sham sun rubuta ta da harshen Suryani tun kafin a haifi Manzon Allah, suka ce samarin bakwai ne, suka jera sunayensu, suka ce garin Afsus ne, can cikin Turkiyya ta yau. Alƙur'ani kuwa bai ambaci suna ko gari ba, har ya hana Annabi zurfafa jayayya kan adadinsu. Abin da ya tsaya a kai shi ne tauhidin da ya fitar da su daga gidajen iyayensu.

Kowace al'umma tana rubuta tarihin bayin Allah nata, kuma ko'ina alƙalami yakan yi zuma ya ƙara gishiri. Mu ma ba mu tsira ba. Abu Nu'aim, wanda ya rasu shekara ta 430 bayan Hijira, ya tara Hilyatul Auliya, littafi mai albarka. Sai Ibnul Jauzi ya zo ya sa masa rariya, ya zubar da ruwayoyin da ba su inganta ba, ya fitar da Sifatus Safwa. Ba ƙin waliyyai ya sa shi ba, ai shi kansa mai wa'azi ne da ke sa mutane kuka da labarinsu.

Mu dawo gida. Shehu Usmanu ɗan Fodiyo a Maratta aka haife shi, nan ƙasarmu, shekarar 1754. Waziri Giɗaɗo ɗan Laima ya rubuta karamominsa cikin Raudul Jinan, kuma mu Ahlus Sunna ba mu musun karama. Amma in na zauna da matasa, kowa ya haddace labarin naɗe ƙasa, ba mai tambayata tafiyar da Shehu ya yi zuwa Agadas wurin Malam Jibrilu ɗan Umaru, ko yadda ya karantar da mata har aka zarge shi a kai. Ɗiyarsa Nana Asma'u ai a wannan zaure ta tashi.

Abin da nake tsoro biyu ne. Wani ya ji ƙarya ɗaya cikin littafi ya zagi waliyyai baki ɗaya. Wani kuma a karanta masa karamar Shehu, a ce wane ya gaje ta, a raba shi da kuɗin hatsin iyalinsa. Na ga tsohuwa da ta sayar da akuyarta don haka, ana saura kwana uku salla. Duk wanda ya kawo muku labarin waliyyi, ku tambaye shi littafin da wanda ya ruwaito.

Allah ya karɓi azuminmu, ya tashe mu tare da salihai. Wassalamu alaikum wa rahmatullah.