Jawabin Babban Baƙo a Bikin Yaye Ɗaliban Nazarin Sulhu da Zaman Lafiya

 

Fannin da kuka karanta bai tsufa ba. A 1959 Johan Galtung ya kafa cibiyar nazarin zaman lafiya a Oslo, shi ne kuma ya dage cewa shirun bindiga bai isa ba, sai an kawar da zaluncin da ya sa aka ɗauke ta. Wannan kun sha jinsa a aji. Ni Bakassi nake so ku riƙe.

Kamaru ta kai ƙarar Najeriya Kotun Duniya kan mallakar yankin Bakassi a 1994. Ranar 10 ga Oktoba, 2002 aka yanke hukunci, Bakassi ya faɗa hannun Kamaru. Shari'a saɓanin hankali, mutanenmu suka fusata, ga soja jibge a yankin. Da alƙalai kaɗai aka bar wa maganar, Allah kaɗai ya san inda za a kwana. Kofi Annan, Babban Sakataren Majalisar Ɗinkin Duniya na lokacin, ya riƙa zaunar da shugabannin ƙasashen biyu, Obasanjo da Paul Biya, aka kafa hukumar haɗin gwiwa, har aka sa hannu a yarjejeniyar Greentree ranar 12 ga Yuni, 2006. Miƙa yankin baki ɗaya kuwa sai a watan Agustan 2008, a Kalaba.

Shugabanni sun sha tafi. Amma aikin da ya fi burge ni na waɗanda ba a san sunansu ba ne: masu awon ƙasa da ke hawan duwatsun Mandara riƙe da tsofaffin taswirorin Turawa, suna kafa turakun siminti a kan iyakar ƙasashen biyu mai tsawon kilomita kusan 2,000, suna lallashin mai garin da gonarsa ta koma wancan ɓangare. A Darak, bakin Tafkin Chadi, masunta, cikinsu har da Hausawa, sun wayi gari ƙarƙashin wata tuta. A Bakassi ma har yau akwai waɗanda suka rasa matsuguni suna kukan an manta da su. An kauce wa yaƙi, amma da sauran aiki.

Irin wannan aikin ke jiranku, 'ya'yana. Ku tafi wurin mutanen da hukunci ya faɗa wa, ku zauna a tabarmarsu, ku saurara kafin ku rubuta rahoto. Allah ya sa albarka a karatunku, ya mai da kowa gida lafiya.