Lungunan Birnin Kano da Ba a Kai Baƙi

(Jawabin da ɗaya daga cikin tsofaffin ɗalibai ya gabatar a taron shekara-shekara na ƙungiya)

 

Sakataren ƙungiya ya ba ni damar in zaɓi abin da zan yi magana a kai, in dai ba siyasa ba ce. To, na zaɓi in yi magana a kan wani gari wanda kowa a zauren nan zai iya dafa Alƙur'ani ya ce ya san shi, wato birnin Kano.

Mu mutanen Karaye da Rogo ga yadda muka san Kano. Mu shigo ta Kabuga, mu nufi Kantin Kwari idan kayan aure za mu haɗa, ko Singa, ko kasuwar Sabon Gari. Idan rashin lafiya ce, Allah ya kiyaye, sai Asibitin Murtala. Idan takarda ce ta maƙale, sai Sakatariyar Audu Bako. Kafin magariba muna tasha muna neman motar gida. Waɗanda aiki ya zaunar da mu a can ma, yawancinmu a Rijiyar Zaki ko Ɗorayi muke haya, kuma akwai wanda ya shekara goma sha biyar a Kano bai taɓa taka ƙafarsa a Madabo ba. Ina ganin wasu suna sunkuyar da kai, ba zan kama suna ba.

Baƙin hukuma su ma suna da tasu Kanon. A wurin aiki wani lokaci akan sa ni rakiyarsu, kuma tsarin ba ya sauyawa: Gidan Makama, Ƙofar Kudu, Kasuwar Kurmi, marinar Ƙofar Mata, sai Dutsen Dala idan baƙon yana da ƙwarin gwiwar hawa matakala, sai Gidan Ɗan Hausa idan lokaci ya rage. Awa uku an gama, an ɗauki hotuna, an koma masauki. Ban raina waɗannan wurare ba. Amma duk a bakin titi suke, inda mota ke iya tsayawa, mutanen birni kuwa a lungu suke zaune.

Haka abin yake a ƙasashen Turai, sai dai su yawan baƙi ne ya dame su. A 2024 birnin Benis na ƙasar Italiya ya fara karɓar Yuro 5 daga duk mai shiga yawon yini ɗaya a wasu ranaku, saboda cunkoso ya hana 'yan gari sakat. A wannan shekarar dai mutanen Basalona ta ƙasar Sifen suka yi zanga-zanga, har da fesa wa masu yawon buɗe ido ruwa. Shi ya sa matafiyi mai hankali a can yake barin dandalin da kowa ke ɗaukar hoto ya shiga unguwannin da 'yan gari ke cefane. Tamu matsalar daban ce. Babu mai shiga lungunan birninmu don kallo, saboda haka idan an rushe wani abu mai shekara ɗari biyar babu mai tambaya.

Bari in fara da ƙofar da muke shiga kullum. Sarki Gijimasu, wanda ya yi sarauta daga 1095 zuwa 1134, shi ya fara gina ganuwar Kano, Muhammadu Rumfa ya faɗaɗa ta a ƙarni na 15. Amma ɓangaren yamma, wanda ya haɗa Dukawuya da Kabuga da Kansakali, littafin Tarihin Kano ya nuna aikin Wambai Giwa ne, a zamanin Sarki Muhammadu Nazaki, tsakanin 1618 da 1623. Shi kuma wannan Wambai da ya gama aikin ganuwa, ina ya nufa? Karaye. A nan ya zauna yana fafatawa da Katsinawa. Ashe ke nan ƙofar da muke wucewa muna gyangyaɗi a mota tana da alaƙa da garinmu tun shekara ɗari huɗu da suka wuce. Ta nan ne kuma sojojin Ingila suka shiga birni ranar 3 ga Fabrairu, 1903.

Wanda yake so ya ga birni sai ya ajiye mota ya taka da ƙafa, ya riƙa tambayar sunan kowace unguwa da ya shiga, domin sunayen nan sun fi wani littafin tarihin bayani. Tudun Nufawa, mazaunin Nufawa masaƙa. Ayagi, ta Yarabawa. Zangon Barebari, inda fataken Barno ke sauke kaya. Agadasawa, ba sai an fassara ba. Mutanen nan duk sun zama Kanawa tuntuni, jikokinsu ba sa jin wani harshe sai Hausa, amma unguwa ta riƙe musu asali. Wannan yana da kyau mu sani, musamman idan wani ɗan birni ya kira mu ƙauyawa: a tambaye shi daga ina kakansa ya zo.

Wadda ta fi ba ni sha'awa ita ce Dandalin Turawa. Duk wanda ya ji sunan sai ya zaci Ingilishi ne suka zauna a wurin. Ko kusa. Kafin zuwan Nasara, Larabawan Tarabulus da Gadamus ake kira Turawa, kuma su ne suka zauna a nan suna sayen fata da gashin jimina da hauren giwa, suna aikawa ta Sahara. Alfindiki kalmar Larabci ce mai nufin masaukin fatake. Alkantara ita ma Larabci ce, ma'anarta gada, saboda a nan ake ƙetare Jakara. Gurasa da alkaki da muke saye a matsayin tsarabar Kano daga gidajensu suka fito, har akwai unguwa sukutum mai suna Ceɗiyar 'Yan Gurasa. Wanda ya ci bandashe a can da safe, da zafinta, ba zai ƙara yarda da wadda ake sayarwa a tasha ba.

Sai unguwannin malamai. Madabo, a kusa da Dala, ta samo asali daga Wangarawa, malaman da suka zo daga ƙasar Mali, waɗanda Tarihin Kano ya ce sun iso a zamanin Sarki Yaji, 1349 zuwa 1385. Mandawari ma sunan ɗaya daga cikinsu ne. Sharifai kuwa zuriyar mutanen Shehu Magili ce, wanda ya zo Kano a zamanin Rumfa ya rubuta masa littafi a kan yadda ake mulki. Kabara tana dab da Gidan Sarki, nan ne gidan Shehu Nasiru Kabara, wanda ya rasu a 1996. Abin da zai ba mutum mamaki shi ne har yau ana ɗaukar karatu a zaurukan nan. Bayan asuba za ka tarar da dattijo mai furfura, wani ma ɗan kasuwa ne babba a Kwari, ya naɗe ƙafa a kan tabarma da littafinsa yana jiran layi ya zo kansa. Babu rajista, babu kuɗin makaranta, babu takardar shaida. Malamanmu da ke nan, waɗanda suka sha fama da mu kafin mu zauna a aji, su suka fi kowa sanin darajar ɗalibin da ya kawo kansa.

A Koki da Sarari za a nuna maka gidajen zuriyar Alhassan Ɗantata, mutumin Bebeji, wanda ya fara da fataucin goro zuwa Gwanja, ya koma gyaɗa bayan jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911, ya rasu a 1955. A Sudawa aka haifi Malam Aminu Kano a 1920, gidansa kuma yana Gwammaja. Na alkawarta ba siyasa, saboda haka na wuce.

Inda nake so in daɗe shi ne wajen rini, domin a nan ne maganar ta shafe mu kai tsaye. Baƙo idan an kai shi Ƙofar Mata, aka ce masa marinar tun 1498 take, sai ya tafi da tunanin ita kaɗai ce. Alhali a cikin birni akwai unguwanni da dama masu sunan karofi, kamar Karofin Zage da Karofin Wanka da Shuni, waɗanda yawanci suna kawai ya rage. Aikin kuwa ba na wasa ba ne. A haƙa rami mai zurfi, a dalaye shi da laso don kada ya sha ruwa, a zuba baba da toka da katsi, a yi kwanaki ana motsawa da muciya har ya nuna, sannan a fara tsoma zane ana fitarwa yana shan iska. Daga nan a kai mabuga, a buga shi da shuni har ya riƙa ƙyalli. Bature Barth, wanda ya zo Kano a 1851, ya ƙiyasta mutanen birnin dubu 30, ya kuma ƙiyasta cewa tufafin da Kano ke fitarwa waje a shekara sun kai na wuri miliyan 300, har Tambutu ake kai su.

To, birni mai mutum dubu 30 ba zai iya wannan aiki shi kaɗai ba. Yawancin rinin a garuruwan karkara ake yin sa, birni kasuwa ce. Kura ta yi suna da rawunan da Buzaye ke naɗawa. A yammacin ƙasar Kano kuwa, Karaye da Zarewa suna cikin garuruwan da suka shahara da karofi a ƙarni na 19. Ke nan wani kaso na dukiyar da ta gina sorayen Koki da Dandalin Turawa daga hannun kakanninmu ya fito, hannun da baba ta rina har gwiwa. Zarewar nan ta ƙasar Rogo kuma sunanta ya zaga duniya ta wata hanyar: Baba ta Karo, wadda ta ba Baturiya Mary Smith labarin rayuwarta a 1949 da 1950, aka buga littafin a 1954, a ƙauyen Karo kusa da Zarewa ta tashi. Ana karanta littafin a jami'o'in Ingila da Amurka. Ina so in san mutum nawa ne a zauren nan suka taɓa riƙe shi.

Yanzu ga abin da ya sa na ce a yi sauri. Birnin yana ƙarewa muna kallo. Badala, wadda aka sa a jerin jiran shiga wuraren tarihi na duniya na UNESCO tun 2007, a wurare da yawa an yanka ta filaye, an yi shaguna da gidaje a kanta. A 2010 aka rushe tsohuwar Ƙofar Na'isa don faɗaɗa titi, aka sake gina wata. Maƙwabtanmu na Agadas sun riƙe tsohon garinsu har ya shiga ainihin jerin wuraren tarihi na duniya a 2013, mu muna nan muna jira, abin da za a nuna kuma kullum raguwa yake.

Kududdufai su ma haka. Daga cikinsu aka ɗebi ƙasar da aka gina birni, kuma idan damina ta sauka su ke shanye ruwan unguwa. An mai da su juji, sannan an cike su, an yi gini a kai. Ruwa kuwa ba ya manta hanyarsa. Wanda yake da shago a Kwari ya san abin da ambaliyar 2022 ta yi wa 'yan kasuwa. Soron ƙasa mai azara da daurin guga, wanda ke da sanyi a watan Afrilu ba tare da fanka ba, magada suna rushe shi su yi na bulo, kuma ban ga laifinsu sosai ba, tunda yaɓe duk shekara kuɗi ne, maginan gargajiya kuma sun yi ƙaranci.

Wanda ya yi niyyar zuwa, ga 'yan shawarwari. Ya nemi ɗan unguwa ya raka shi, kuma a cikinmu akwai masu surukai a birni. Ya je da hantsi ko bayan la'asar, ya kauce wa tsakar ranar Juma'a. Ya yi sallama ga mutanen da ke zaune a dakali, ya gai da mai unguwa idan zai daɗe. Inda aka rubuta "ba a shiga", to ba a shiga, iyakarsa zaure. Kada ya ɗaga waya ya ɗauki hoton matan mutane ko almajirai ba da izini ba, kuma gaskiya ita ce a wasu lungunan gara wayar ta zauna a aljihu, saboda masu ƙwace. Idan ya tsaya wajen maɗinki a Soron Ɗinki ko baduku ko maƙeri ya sha masa lokaci da tambaya, ya sayi wani abu ko ƙarami ne.

Mai girma shugaba, ina da roƙo biyu ga ƙungiya. Na farko, a cikin kuɗin da muke tarawa a ware na mota ɗaya duk shekara, a kai 'yan aji biyar birni, tare da malamin tarihi. A sauke su a Ƙofar Kabuga a ba su labarin Wambai Giwa, sannan a kai su Kurmi su taka da ƙafa zuwa Madabo, kowa da littafinsa yana rubuta sunayen unguwanni. Na biyu, a lokacin dogon hutu a sa yaran nan su zauna da tsofaffin Karaye da Rogo da Zarewa, su tambaye su inda karofi yake a da, ramuka nawa ne, gidan wa da wa ke rini, su rubuta, mu kuma mu buga a mujallarmu ta baɗi. Ni na ɗauki nauyin man motar tafiyar farko, kuma ma'aji yana iya rubutawa tun yanzu.