Tashar Kaukauna da Haƙƙin Garin da Ke Kanta



Kaukauna ƙaramin gari ne a jihar Wiskonsin ta Amurka, a bakin kogin Fox, mai mutane wajen 17,000, kuma an san shi da masana'antar takarda. A 1965 aka buɗe masa gidan rediyo a matsakaicin zango, wato AM, a kan lamba 1050, da sunan WKAU, ya kuma yi tashe da kaɗe-kaɗen matasa. Daga baya ya yi ta sauya suna da salo har ya zama WJOK mai shirye-shiryen wasanni. A ƙarshen 2000 ya koma hannun wasu mabiya ɗarikar Katolika, kuma a kansa Relevant Radio ta fara aiki, wadda ta haɗe da Immaculate Heart Radio a 2017 ta zama babbar kafa mai tashoshi a faɗin ƙasar. Abin da nake son tabbatarwa a yau shi ne, ceton zango daban, ceton gidan rediyon gari daban. Sababbin masu tashar sun yi na farkon, kuma sun cancanci yabo a kansa. Na biyun har yanzu bashi ne a wuyansu, da wuyan duk wanda ya gaji irin wannan tasha.

Sai mun san yadda ƙaramar tashar AM take rayuwa kafin mu yi mata hukunci. Da rana muryarta tana bin doron ƙasa ta isa garuruwan da ke kewaye. Da rana ta faɗi kuwa, sararin sama yakan maido da muryar ƙasa a wuri mai nisan gaske, abin da duk wanda ya taɓa kamo tasha mai nisa da dare ya sani. Don kada ƙananan tashoshi su shiga hancin manya, hukumar sadarwa ta Amurka takan tilasta wa da yawansu rage ƙarfi ko rufewa da faɗuwar rana. A Wiskonsin, cikin watan Disamba, rana tana faɗuwa tun kafin ƙarfe huɗu da rabi, daidai lokacin da ma'aikata ke shirin shiga mota su koma gida, wato ɗaya daga cikin lokutan da talla ta fi tsada. A kan wannan rauni FM ta zo da murya garau, kuma kafin 1980 ta ƙwace yawancin masu sauraro. Sai dokar sadarwa ta 1996 ta sassauta iyakar yawan tashoshin da kamfani ɗaya zai mallaka, manyan kamfanoni suka kwashe masu tsoka suka bar ƙananan. Saboda haka duk wanda ya ce coci ce ta kashe rediyon gari bai yi adalci ba. Kasuwa ta riga ta juya wa waɗannan tashoshi baya, masu addini suka same su da araha, suka riƙe su da gudummawar masu sauraro.

Amma riƙon yana da farashi. Abin da ya sa tsarin yake ci shi ne arha: ana haɗa shiri a ɗaki guda, a aika wa tashoshi masu yawa a lokaci ɗaya. Tun cikin shekarun 1990 kafar EWTN, wadda Uwa Anjelika ta kafa a Alabama a 1981, take ba ƙananan tashoshi shirye-shirye kyauta. Tsohuwar da ba ta iya fita zuwa coci cikin dusar ƙanƙara tana samun ibada da addu'a a ɗakinta, kuma ba na raina wannan ko kaɗan. Sai dai shirin da aka yi domin dukkan ƙasa ba zai gaya mata wace hanya aka rufe ba, ko me majalisar gari ta yanke game da kuɗin ruwa, ko wane maƙwabci ne ya rasu. Waɗannan su ne ainihin aikin gidan rediyon gari, kuma su ne suka fi cin kuɗi, domin sai an ɗauki mutum yana zaune a garin.

Za a ce, ai masu sauraro ne ke biya da son ransu, to ina ruwan wani? Da jarida ce da na yarda, domin kowa na iya buga tasa. Zango kuwa ƙididdigagge ne, idan wani ya hau 1050 a wannan yanki babu mai sake hawa, shi ya sa tun dokar 1927 ake bayar da lasisi bisa sharaɗin yi wa jama'a hidima. Jama'ar Kaukauna kuma ba Katolika kaɗai ba ne. Za a kuma ce intanet ta ɗauke wannan nauyi. Amma ranar da guguwa ta katse lantarki da layukan waya, rediyo mai batir ne yake saura, kuma wannan ce hujjar da aka yi ta kawowa a 2023 har kamfanin Ford ya janye shirinsa na cire AM daga sababbin motoci. Idan da wannan hujja ake kare zangon, dole ne a samu mai magana da yawun gari a kansa ranar da ake bukata.

Wasu a nan za su nuna dokar Najeriya, wadda ta hana ba ƙungiyar addini lasisin gidan rediyo, su ce ita ce mafita. Ba na ganin ta dace da Kaukauna, domin can hanawar ba za ta maido da labaran gari ba, shiru kawai za ta kawo. Matsalar tana cikin sharaɗin lasisi, kuma a 2017 hukumar sadarwa ta Amurka ta ƙara sassauta shi da ta soke dokar da ta wajabta wa kowace tasha ajiye ɗakin shirye-shirye kusa da garinta. Abin da ya kamata a nema daga kowane mai lasisi, na addini ne ko na kasuwa, shi ne wasu sa'o'i a kowace rana na labarai da sanarwar garin, da ma'aikaci a kusa wanda zai iya katse shirin da ke zuwa daga nesa idan kogin Fox ya yi ambaliya.